Soke Lasisi: Yadda Jinkiri Ke Kashe Ƙara Tun Kafin A Saurare Ta

A 2002 Babban Bankin Najeriya ya soke lasisin bankin Savannah. Masu bankin suka garzaya kotu, kuma a 2009 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta mayar musu da shi.

Yau wannan ƙofa ta rufe. Dokar bankuna ta 2020 ta ba da kwana 30 kacal a shigar da ƙara, kuma ko an yi nasara, diyyar kuɗi kaɗai ake samu. A wasu hukumomin tarayya, dokar kare jami'an gwamnati ta tanadi wata 3.

Kai takardun roƙo ma'aikata ba ya tsayar da wa'adin. Idan ya wuce, galibi kotu kan kori ƙarar ba tare da ta duba ko an yi zalunci ba.