Dogon Jira a Filin Jirgi: A Zauna a Kujera ko a Leƙa Gari?

(Kiɗan buɗe shiri)

Gaisuwa ga mutanen Bahindi da Bagudo, da na Ka'oje da Zagga da Illo da Lolo da Tsamiya, har da 'yan'uwanmu na tsallaken iyaka a Segbana da Kandi. Yau shirin na matafiya ne, musamman wanda jirgi ya sauke shi a wata ƙasa da asuba, aka ce masa jirgin da zai ƙarasa da shi sai dare. Me zai yi da wannan wunin? Ya zauna a kujerar ƙarfe yana gyangyaɗi, ko akwai hanyar da zai shiga gari ya buɗe ido ya dawo lafiya? Ku gyara zama.

(Kiɗa ya ɗago, ya lafa)

Maniyyatan jihar Kebbi ba su cika sanin wannan jira ba, domin daga filin jirgin Sir Ahmadu Bello na Birnin Kebbi ake kwasarsu a miƙe zuwa Saudiyya. Daga wannan filin ne ma jirgin farko na alhazan Najeriya ya tashi a Hajjin 2024. Amma mai zuwa Umara da kuɗin aljihunsa, da ɗalibin da ya samu gurbin karatu a waje, da mai kai majinyaci Masar ko Indiya, da ɗan kasuwa mai saro kaya a Dubai ko Sin, su tikitin jiragen kasuwa suke saye, su tashi daga Kano ko Abuja ko Legas. Kowane babban kamfani kuwa yana da gidansa da yake bi da fasinja ta ciki. Ethiopian Airlines ta Adis Ababa, EgyptAir ta Alƙahira, Qatar Airways ta Doha, Turkish Airlines ta Istanbul.

Kamfanin yakan tattaro fasinjoji daga garuruwa da dama ya zube su a gidansa, sannan ya rarraba su a jiragen da za su nufi gabas da yamma. Idan saukar jirginka ta zo daidai da tashin na gaba, awa biyu ko uku ka wuce. Idan ta saɓa, sai ka share awa goma ko fiye. Sau da yawa tikitin da ya fi araha shi ne mai dogon jira, shi ya sa mutanenmu suka fi faɗawa cikinsa. Ƙasashen da filayen suke kuma sun lura cewa baƙon da ya ɗanɗana garinsu na wuni guda yana iya dawowa da iyalinsa ya yi mako. Daga nan aka fito da tsarin ɗaukar masu yada zango a bas, a haɗa su da ɗan jagora, a zaga da su gari, a maido su kafin lokacin tashi.

Mutanen wannan yanki namu sun daɗe da sanin yada zango. Tun ƙarni na 19, da ma kafinsa, ayarin fataken goro daga Kano da Sakkwato yakan biyo ta Jega ya gangaro bakin Kwara, ya yi fito a wajajen Illo, ya ratsa ƙasar Bargu ta Kandi ko Nikki, ya bi ta Zugu da Sansanin Mango har Salaga a ƙasar Gwanja. Su tafi da kanwa da rinannun tufafi da fatu, su komo da goro, tafiyar watanni. Madugu ne shugaban ayari, jagaba yana gaba, uban dawaki yana kula da sha'anin kuɗin hanya. In an sauka a gari, bafatake ba ya kutsa kai kasuwa shi kaɗai. Akwai mai masauki da zai karɓe shi, ya haɗa shi da dillali, ya nuna masa inda ake shiga da inda ba a shiga. Kuma duk daɗin gari, ranar da madugu ya ce a ɗaura kaya, to an ɗaura.

Abin da fataken wancan zamani ba su sha fama da shi ba shi ne takarda. Yarjejeniyar Ingila da Faransa ta 1898 ce ta ja layin da ya bar Illo a hannun Ingilishi, Nikki a hannun Faransawa. Tun daga nan iyaka ta zama abin da ake tsallakawa da izini. To a filin jirgi ma, tsakanin zauren jira da ƙofar fita gari akwai iyaka sukutum, da jami'an shige da fice a zaune a kanta.

(Kiɗa)

Masu sauraro, mu fara da takardar. Kamfanin Turkish Airlines yana da shiri mai suna Touristanbul. Fasinjan da ya taso daga wata ƙasa zai wuce wata, jiransa kuma ya kama tsakanin awa 6 zuwa 24, ana zaga birnin Istanbul da shi kyauta, mota da ɗan jagora duka a wuyan kamfani. Sai dai kyautar ba ta haɗa da biza ba. Mai fasfon Najeriya sai yana riƙe da bizar shiga Turkiyya kafin jami'i ya buga masa hatimi ya fita. Wanda bai nemo ta tun daga gida ba, sai dai ya hangi gari ta gilashi.

A Doha akwai Discover Qatar, reshen Qatar Airways, da ke shirya irin wannan zagaye, amma da kuɗi, kuma can ma sharaɗin shiga ƙasa yana nan. A Adis Ababa, Ethiopian Airlines yakan bai wa fasinjan da jiransa ya kama awa 8 zuwa 24 masauki a otal da abinci da motar kai da komowa, idan babu wani jirgi na kusa da zai iya bi. Saudiyya kuwa a watan Janairun 2023 ta fito da bizar yada zango ta awa 96 ga masu tafiya da jiragen Saudia da flynas, wadda ake iya yin Umara da ziyarar Madina da ita. Jirgin ƙasa mai gudu na Haramaini, da aka buɗe a 2018, yana da tasha a cikin filin jirgin Jidda, ya haɗa Makka da Madina. Irin waɗannan ƙa'idoji hukumomi kan sauya su, su ƙara ƙasashe ko su rage, don haka a shafin kamfanin na intanet ko ofishinsa ake tabbatar da ko fasfon mutum ya cancanta.

Inda ɗan Najeriya yake da sauƙi shi ne nan kusa da gida. Yarjejeniyar zirga-zirga ta ECOWAS ta 1979 ta ba ɗan ƙasashen ƙungiyar damar shiga wata ƙasar ya yi har kwana 90 ba tare da biza ba, damar da mutanen Tsamiya da Segbana suka fi kowa saninta. Wanda ya bi jirgin ASKY ya yada zango a Lome, ko Air Côte d'Ivoire a Abijan, fasfonsa da katin rigakafin shawara sun ishe shi ya fita. Filin jirgin Lome a cikin gari yake. Cikin ɗan lokaci mutum ya isa babbar kasuwar Asigame, inda matan nan masu cinikin atamfa da ake kira Nana Benz suka yi suna, ya wuce bakin teku ya sha iska. In kuma Hausa yake son ji, Zangon Lome yana can arewacin gari a Aguwe, inda aka mayar da shi a 1977.

(Kiɗa)

Na biyu shi ne agogo, kuma a nan ne ake yawan yin kuskure. Mu ɗauka wani ɗan kasuwa daga Bahindi ya sauka Istanbul, takardarsa ta nuna jiran awa 10. Sauka daga jirgi, doguwar tafiya a ƙasa cikin filin, da layin hatimi, a ware musu awa guda. Daga filin zuwa tsohon gari kimanin kilomita 40 ne, a ce awa guda zuwa, awa guda dawowa, in hanya ba ta cushe ba. Sannan ana so ya kasance ya dawo awa uku kafin tashi, saboda bincike da neman ƙofar jirginsa. Cikin awa goman nan, huɗu kacal ne nasa.

Amma awa huɗun suna da albarka. Ana sauya wuraren da ake zuwa daga rana zuwa rana, sai dai zuciyar garin ita ce dandalin Sultanahmet. Ka sauko daga bas, ga masallacin Sultan Ahmad mai hasumiya shida a gefe guda, wanda aka fara gininsa a 1609. Ka tuɓe takalmi ka zuba a leda ka riƙe abinka, ka taka kafet, ka ɗaga kai: bango da kubba sun sha ado da fale-fale masu ruwan bula, haske yana zubowa ta tagogi sama da 200. Ka juyo, ga Aya Sofiya tana fuskantarsa, ginin shekarar 537, wanda ya fara a matsayin coci, ya zama masallaci a 1453, aka mayar da shi gidan tarihi a zamanin Ataturk, ya sake komawa masallaci a 2020. Bayanta kaɗan akwai fadar Topkapi, inda ake ajiye da kayan tarihin da ake jinginawa ga Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, da sahabbansa, waɗanda aka kawo bayan Sultan Salim ya ci Masar a 1517, ana kuma karatun Alƙur'ani a ɗakin dare da rana. Gani ya kori ji.

Sai a kula da bambancin lokaci. Istanbul da Doha da Jidda da Adis Ababa duk suna gaban Najeriya da awa biyu, Lome kuwa tana bayanmu da awa guda. Lokacin da aka rubuta a katin shiga jirgi na garin da kake ne. Habasha ma tana da nata salon: mutanen gari daga fitowar rana suke fara ƙirga awa. Abin da wayarka ta kira ƙarfe 7 na safe, su ƙarfe 1 suke ce masa. Idan mai tasi ya ce zai dawo ya ɗauke ka ƙarfe 2, ka nuna masa fuskar agogo ku daidaita, don tsakanin lissafinsa da naka akwai awa shida. Ka kuma riƙe rigar sanyi a jakar hannu, domin birnin Adis Ababa yana kan tudu sama da mita 2,300, babban akwatinka kuma ya riga ya wuce wajen jirgi na gaba. Mai sha'awar kasuwa zai ga Markato da masallacin Anwar a cikinta. Amma masallacin Najashi, da ake dangantawa da hijirar sahabbai ta farko, yana can arewa a yankin Tigrai, ba tafiyar wuni ba ce.

Alƙahira ma ta daɗe tana karɓar baƙin Afirka ta Yamma. A nan Mansa Musa na Mali ya sauka a 1324 kan hanyarsa ta Hajji, ya yi ta rabon zinariya har darajarta ta faɗi a kasuwa. Masallacin Azhar, da aka ɗora harsashinsa a 970, da kasuwar Khan Khalili suna dab da juna. Dalar Giza kuwa sai an ratsa birnin gaba ɗaya, cunkoson motocin Alƙahira kuma ba ya tausayin mai sauri.

(Kiɗa)

Na uku, wa zai yi maka jagora? Amfanin zagayen da kamfanin jirgi ko hukumar filin ta shirya shi ne, sun san lokacin tashinka, ba za su sa ka a rukunin da zai makara ba. Suna da teburinsu a filin, a duba katin shiga jirginka a rubuta sunanka. Wanda ya tare ka a bakin ƙofa yana cewa zai kai ka ko'ina da araha, ba ka san shi ba, ba ka san inda za ka kai ƙararsa ba. Wasu ma shagunan da suke da kamasho za su yi ta kai ka, har lokacinka ya ƙare a cinikin abin da ba ka yi niyya ba. In kuwa ka makara da ganganci jirgi ya tashi, sabon tikiti daga aljihunka zai fito.

Cikin rukuni, ka lura da tuta ko allon da ɗan jagora ke ɗagawa, ka ɗauki hoton lambar bas ɗin a waya, ka rubuta lambar wayarsa a takarda. Fasfo ya zauna a jikinka. In lokacin salla ya yi, ka sanar da shi kafin ka ware. Hajiya, in da yara ko tsoho ko majinyaci a tare da ke, zagayen nan akwai tafiyar ƙasa sosai, wani lokaci hutu a otal ko a masallacin filin ya fi. Kuma komai daɗin bakin mutum, kada a karɓi saƙon kowa a saka a jaka, a gari ne ko a filin jirgi. Hukuncin safarar ƙwaya a Saudiyya yana kaiwa har ga kisa.

Saboda haka, Alhaji, Hajiya, ɗalibai da 'yan kasuwa, kafin ku miƙa wa ejan kuɗin tikiti, ku yi masa tambaya uku. Awa nawa zan jira, kuma da rana ne ko da dare? Fasfona zai bar ni in fita gari, ko sai na nemi biza tun daga nan? Kamfanin yana ba da masauki ko zagayen gari, kuma a ina ake rajista? Ku sa ya nuna muku amsar a rubuce. Matambayi ba ya ɓata.

A nan za mu dasa aya a shirin namu na yau. Allah ya kai matafiya lafiya, ya dawo da su gida lafiya.

(Kiɗan rufe shiri)