Rabon Gadon Hatsi: Inda Lissafi Ke Karkacewa

Bayan kaka, rumbun mamaci kan raba kan 'yan'uwa a karkara, sau da yawa kuwa laifin na lissafi ne. A ce magidanci ya rasu, ba iyaye, ba bashi, ba wasiyya, ya bar matar aure, 'ya'ya maza 2, mata 3, da hatsi dami 160. Matar na da tumuni, dami 20, saura 140. Nan wasu ke kuskure, su ware wa maza sulusi biyu, mata sulusi guda. Shari'a kuwa kawuna take ƙirgawa: namiji kaso 2, mace kaso 1, jimla kaso 7, kowane kaso dami 20. Ɗa ya ɗauki 40, ɗiya 20. Da an bi wancan rabo, da kowace ɗiya ta yi asarar fiye da dami 4.