Daga Sullamu Zuwa Frege: Me Mai Son Mantiƙi Zai Fara Karantawa?

Da wuya a sami wanda ya zauna gaban malamin zaure a ƙasar Hausa bai san Ahalari ba, ɗan littafin nan na tsarki da salla da ake somawa da shi kafin Ishmawi da Iziyya. Abin da da yawa ba su lura da shi ba shi ne, mai littafin, Abdurrahman al-Akhdari, malamin Aljeriya na ƙarni na 16, yana da wani talifin da ya zaga duniyar Musulmi. Waƙa ce mai baiti ɗari da arba'in da 'yan kai, sunanta Sullamul Munauraƙ, kuma a kan ilimin mantiƙi take. Ya tsara ta a shekarar 941 ta Hijira, yana ɗan shekara 21.

Na fara da wannan ne saboda masu ɗaukar mantiƙi a matsayin baƙon da ya shigo da boko. Shaihu Magili, wanda ya zauna a Kano zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, ya yi rubutu a kan fannin, har ya yi musayar baitoci da Imamu Suyuɗi yana kare shi, domin Suyuɗi na cikin masu haramta shi. Imamu Gazali ya rubuta Mi'iyarul Ilmi don ya nuna amfaninsa, Ibnu Taimiyya kuma ya rubuta littafi guda na raddi ga ma'abotansa. Gardamar tsohuwa ce, kuma duka ɓangarorin biyu sun san abin da suke gardama a kansa, domin ba a yi wa mantiƙi raddi sai da hujja, hujja kuwa ita ce hajarsa.

Aikin mantiƙi guda ɗaya ne: duba ko natija ta biyo bayan muƙaddimominta. Wani ya ce, "Idan aka yi ruwa ƙofar gida takan jiƙe. Ga ƙofar gida a jiƙe. Ashe an yi ruwa." Maganar ta yi kama da daidai, amma ƙila ɗan garuwa ne ya yi tuntuɓe. Muƙaddimomin biyu gaskiya ne, natijar ce ba dole ba. Juya ta ka ce, "Ƙofar gida a bushe take, saboda haka ba a yi ruwa ba," sai ta zauna daram. Wanda ya gane dalilin da ya sa ta farko ta rushe ta biyu ta tsaya, ya riga ya sa ƙafa a fannin.

Shawarata ta farko ba ta shafi sunan littafi ba, ta shafi yadda ake karanta shi. Littafin mantiƙi ba a karanta shi a kishingiɗe kamar labarin soyayya. Ɗan'uwan lissafi ne, sai da biro da takarda. Mutum ya ɗauki littafi ɗaya, ya warware tambayoyin ƙarshen kowane babi da hannunsa, ya fi wanda ya leƙa goma yana gyaɗa kai. Wanda ya yi darasin gama-gari na falsafa da mantiƙi da ake yi wa ɗaliban jami'o'in Najeriya, ya haddace sunayen kurakuran hujja don jarrabawa, ya san yadda suke tsiyayewa daga ka kafin a fito da sakamako.

Sunayen marubuta da na littattafai zan bar su yadda suke a bango, don mai nema ya same su.

Mai Larabci ya fara da Sullamu tare da sharhin Damanhuri, ko da Isaguji na Abhari, kuma gaban malami ya fi. A nan zai koyi mantiƙin Aristo kamar yadda ya biyo ta hannun su Farabi da Ibnu Sina: yadda ake yi wa abu ta'arifi, rabe-raben jumla, da siffofin ƙiyasi. Wanda Turanci ya fi masa sauƙi ya nemi A Rulebook for Arguments na Anthony Weston, siriri ne, ana gama shi a mako guda. Daga nan sai Introduction to Logic na Irving Copi, wanda ya fara fitowa a 1953 kuma aka yi ta sake buga shi. Kauri gare shi, wani wurin da jan rai, amma tambayoyin gwajinsa suna da yawa, kuma su ake nema. Idan kuɗi ya yi wuya, akwai forall x na P. D. Magnus, wanda ake saukewa kyauta a intanet da yardar mai shi. Ɗan ƙaramin littafin Graham Priest, Logic: A Very Short Introduction, yana da daɗi ƙwarai, sai dai ɗanɗano ne, yana buɗe ciki amma ba ya ƙosarwa.

Tsakanin Sullamu da waɗannan littattafan akwai wani babban juyi da ya kamata mai karatu ya sani, don kada ya buɗe Copi ya ga alamomi kamar rubutun aljanu ya rufe. Mantiƙin Aristo ya ƙware a jumloli irin su "duk kaza kaza ne" da "wani kaza ba kaza ba ne". Amma duba wannan: "Kowane yaro yana da malamin da yake tsoro." Malami ɗaya ne duk suke tsoro, ko kowa da nasa? Tsohon tsari ba shi da kyakkyawar hanyar rarrabe irin wannan. George Boole na Ingila ya fara mayar da mantiƙi lissafi a 1847, sannan wani malamin lissafi a jami'ar Jena ta Jamus, Gottlob Frege, ya fito da ɗan littafi a 1879 mai suna Begriffsschrift, inda ya ƙirƙiro rubutun alamomi da ke nuna a fili wane "kowane" ne ya hau kan wane "wani". Mantiƙin da ake koyarwa yau, har da wanda ke ƙarƙashin aikin kwamfuta, daga wannan jijiya ya tsiro.

Daga nan ne kuma aka haifi salon falsafar da Turawa ke kira ta tahlili, wadda ni na fi son in kira falsafar feɗe zance. Masu ita sun ce kafin a yi gardama kan manyan tambayoyi, a fara feɗe maganar a ga me take nufi, a jera hujjar ɗaya bayan ɗaya yadda kowa zai iya nuna inda ta karye. Misalin Frege da ya fi shahara, a maƙalarsa ta 1892, kamar don Bahaushe aka yi shi. Gamzaki da ke fitowa da asuba da Zara da ake gani da magariba kusa da wata, abu ɗaya ne a sama. Idan na ce "Gamzaki shi ne Gamzaki" ban gaya maka komai ba. Idan na ce "Gamzaki shi ne Zara" ka ƙaru da ni, alhali duka sunayen abu guda suke nunawa. Ashe suna yana ɗauke da wani abu ban da abin da yake nunawa, wato hanyar da yake gabatar da shi. Shafukan maƙalar ba su da yawa, amma har yau ana kokawa da ita.

Duk da haka ba da Frege zan ce a fara ba. A fara da The Problems of Philosophy na Bertrand Russell, na 1912. Babi 15 ne gajeru, Turancinsa a wanke yake, kuma yana nan kyauta a intanet. Da teburin da yake rubutu a kai ya buɗe littafin: launinsa yana sauyawa gwargwadon haske da inda ka tsaya, to wanne ne launin teburin na haƙiƙa? Daga wannan 'yar tambaya yake jan ka har ka tsinci kanka kana neman dalilin da ya sa ka yarda rana za ta fito gobe. Wanda ya ga ko wannan ya yi masa nauyi, ya share fage da What Does It All Mean? na Thomas Nagel, ko Think na Simon Blackburn.

Akwai littattafai biyu da sunansu ke ruɗar sabon shiga, kuma ina gargaɗi a kansu. Na farko Principia Mathematica, mujalladi uku da Russell da Whitehead suka fitar tsakanin 1910 da 1913 don su nuna cewa lissafi daga mantiƙi ya fito. Sai an wuce shafi 300 kafin a kusanci tabbatar da cewa ɗaya da ɗaya biyu ne. Labarin da ke bayansa ya fi shi amfani ga mai koyo. A 1902 Russell ya aika wa Frege wasiƙa yana nuna masa wani tufka da warwara a gindin tsarinsa, daidai lokacin da mujalladi na biyu na babban aikin Frege yake wurin bugu. An saba bayyana matsalar da wanzami: a wani gari akwai wanzamin da ke yi wa duk wanda ba ya yi wa kansa aski, kuma su kaɗai yake yi wa. Shi wa ke masa? In ya yi wa kansa ya saɓa, in bai yi ba ma ya saɓa. Frege bai ɓoye ba, ya ƙara rataye a ƙarshen littafin ya amsa cewa gininsa ya girgiza. Ana samun wannan labarin cikin zane a littafin Logicomix, kuma ba abin kunya ba ne babba ya karanta shi.

Na biyu shi ne Tractatus na Ludwig Wittgenstein, wanda ya fito da Jamusanci a 1921. Siririn littafi ne mai jumloli masu lamba, kowace kamar karin magana, shi ya sa ake yawan tsinto su ana liƙawa a Facebook. Amma amsa ce ga Frege da Russell, wanda bai san tambayar ba kuwa ba abin da zai tsinta sai amo. Gara a fara da tarihin rayuwarsa da Ray Monk ya rubuta a 1990. Shi kansa Wittgenstein ya juya wa yawancin ra'ayoyin littafin baya a Philosophical Investigations, wanda aka buga a 1953, shekara biyu bayan rasuwarsa.

Language, Truth and Logic na A. J. Ayer, na 1936, littafin saurayi ne mai zafin kai, yana ɗan shekara 25 ya fito da shi bayan ya zauna da masanan Biyana. Ya ce duk maganar da ba ta lissafi ko mantiƙi ba ce, kuma ba a iya gwada ta da gani ko ji, ba ta ɗauke da wani labari na gaskiya ko ƙarya, ya jefa zancen addini da na ɗabi'a a ciki. Mai imani zai ji haushi, amma ina ganin ya karanta, ya kuma tambaya: ita wannan ƙa'idar, da wane ido ake gwada ta? A nan aka kama shi, kuma da ya manyanta ya amsa cewa yawancin littafin kuskure ne. Ba ƙaramin horo ba ne mutum ya gano ramin da kansa kafin a nuna masa.

Wanda ya fi kwanta mini a rai shi ne How to Do Things with Words na J. L. Austin, na 1962. Austin ya lura cewa wata maganar ba labari take bayarwa ba, aiki take yi. Idan waliyyi ya ce "na bayar" a wurin ɗaurin aure, wakilin ango ya ce "na karɓa", ba rahoton aure suke kawowa ba, ɗaura shi suke yi. Kuma sai da sharuɗɗa: wanda ya dace, a gaban shaidu, ba a cikin wasan kwaikwayo ba. Ɗalibin fiƙihu da ya karanta babin aure da saki da rantsuwa, ya san bambancin habari da insha'i a balaga, zai ji kamar ya haɗu da maƙwabci a wata ƙasa.

Yawancin aikin wannan falsafa a gajerun maƙaloli yake, ba a manyan littattafai ba. Ta Edmund Gettier ta 1963 shafi uku ce kacal. An daɗe ana cewa sani shi ne ka yarda da abu, ya zama gaskiya, kuma kana da dalili. To ga Malam Sule ya hango babur ɗin Audu a ƙofar masallaci, ya ce Audu na ciki. Ashe ƙanen Audu ne ya ari babur ɗin, amma shi ma Audun ya tako da ƙafa yana sahun gaba. Malam Sule ya yarda, ya yi daidai, yana da dalili. Ya sani, ko dace ya yi? Bayan wannan sai On Denoting na Russell, da Two Dogmas of Empiricism na Quine, da Naming and Necessity na Saul Kripke, a hankali, tare da kundin falsafa na jami'ar Stanford da ke intanet kyauta don warware inda aka cije. Mai son jin abin da Kurt Gödel ya tabbatar a 1931 game da iyakar hujjar lissafi ya nemi ɗan littafin wani Nagel ɗin (ba Thomas ba) da Newman, Gödel's Proof, bayan ya gama Copi ba kafin nan ba.

'Yan Afirka ma sun riƙe wannan wuƙa. Kwasi Wiredu, haifaffen Kumasi da ya yi karatu gaban Gilbert Ryle a Okusfod, ya fitar da Philosophy and an African Culture a 1980, kuma ya daɗe yana gwada tambayoyin falsafar Turai da harshen Akan don ya ga wace ce ta gaske, wace ce Turanci kawai ya haifa. A 1986 Barry Hallen da J. O. Sodipo suka buga Knowledge, Belief and Witchcraft, bayan doguwar tattaunawa da masu maganin gargajiya na ƙasar Yarabawa. Sun nuna cewa kalmar da ake fassarawa da "sani" a Yarabanci ta fi ta Turanci tsauri, tana neman mutum ya gani da idonsa, abin da aka gaya maka kuwa, ko a littafi ka karanta, wata kalmar ce ke ɗaukar sa. Wanda ya gama wannan littafin zai so ya ɗauki takarda ya jera namu: sani, zato, tsammani, yaƙini, shakka, da ɗan ƙaramin "wai" ɗin nan da Bahaushe ke sakawa a gaban magana idan ba ya so a kama shi da ita.