Kwamfutocin da ke shan wuta ba tare da aiki ba

Tun shekarar 2015, lokacin da hukumar JAMB ta mayar da jarrabawar shiga jami'a kacokan kan kwamfuta, cibiyoyin rubuta jarrabawar suka yawaita a garuruwa irin su Zariya.

Dole kowace cibiya ta tanadi ɗaruruwan kwamfutoci, da kuma babbar na'urar da ke rarraba musu tambayoyi, wadda ake kira saba.

Sai dai jarrabawar ba ta wuce 'yan makonni a shekara. Ɗalibin Ƙofar Kibo zai shiga ya yi sa'o'i biyu ya fita, amma kuɗin da aka zuba a kayan yana nan kwance, kayan kuma suna tsufa.

Matsalar ba ta Najeriya kaɗai ba ce. A 2007 wasu injiniyoyin Google sun nuna cewa yawancin lokaci saba tana amfani ne da kashi 10 zuwa 50 cikin ɗari na ƙarfinta, kuma ko tana zaman banza tana jan kusan rabin wutar da take ja idan tana cikakken aiki.

A Zariya, inda janareta ke cike giɓin wutar lantarki, wannan asara ta man dizal ce kai tsaye.

Shi ya sa manyan kamfanoni suka koma ɗora ayyukan na'urori da dama kan saba guda, ko kuma su yi hayar ta intanet, kamar yadda Amazon ya fara bayarwa a 2006, mutum ya biya kuɗin sa'o'in da ya yi amfani da su kawai.