Shifta da Horar da Kunne don Jarrabawar Ingilishi

A sashen saurare na jarrabawar IELTS tambayoyi 40 ne, kuma sau ɗaya tak ake jin magana. Kuskuren harafi ɗaya yana iya ɓata amsa. A nan shifta take da amfani, domin rubutu yana fallasa abin da kunne ya tsallake.

Hausa ba ta bambanta /p/ da /f/, shi ya sa "pan" da "fan" kan rikita ɗalibi. "Thirteen" da "thirty" kuwa, a magana mai sauri, galibi gaɓar da aka ƙarfafa ke raba su. Ɗafa-ƙeyar "-s" da "-ed" ma takan salwanta.

Ɗalibi ya saurari jimla, ya rubuta, ya gwada da asalin matani, sannan ya karkasa kurakuransa. Wanda ya fi maimaituwa, shi zai fara magancewa.