Mazarin Rafi: Ƙwaron Da Ke Shaidar Lafiyar Ruwa

Kowa ya san mazari, ƙwaron nan mai fukafuki huɗu da ke shawagi a kan tafkuna da damina. Amma akwai wani danginsa da ba kowa ya lura da shi ba, watau mazarin rafi, wanda masana ke kira Calopterygidae. Jikinsa siriri ne kamar tsinke, yana ƙyalli kore ko shuɗi, tsawonsa yakan kai santimita 5 zuwa 7. In ya sauka sai ya haɗe fukafukansa a bayansa, ba ya baza su kamar sauran mazari.

A Afirka akwai irinsa da ake kira Phaon, wanda ya bazu a ƙasashe da dama kudu da Sahara. Akwai kuma Sapho da Umma, masu zama a rafukan kurmi irin na kudancin Nijeriya da Kamaru.

Shi wannan ƙwaro ba ya zama sai inda ruwa ke gudu, ga kuma inuwar itatuwa. Macen takan saka ƙwai cikin tsiron ruwa. 'Ya'yan suna yin watanni a ƙarƙashin ruwa, suna shan iska ta wasu 'yan ganyayyaki uku da ke ƙarshen jikinsu, suna cin ƙananan ƙwari. Da zarar an sare itatuwan bakin rafi, ko laka ta cika shi saboda haƙar ma'adinai, ko maganin feshi ya gangaro daga gonaki, sai su mutu. Saboda haka ne masana a Afirka ta Kudu suke ƙidaya ire-iren mazari don su auna lafiyar kogunansu.

A shekarar 2021 ƙungiyar kare halittu ta duniya, IUCN, ta ba da sanarwa cewa daga cikin ire-iren mazari 6,016 da aka bincika, kashi 16 cikin 100 suna fuskantar ƙarewa, galibi saboda lalacewar fadamu da koguna.

To, jama'a, wannan magana ba ta ƙwaro kaɗai ba ce. Rafin da ya gagari mazari zama, shi ne dai mata ke ɗiba, shi ne shanu ke sha. Ya kamata masu unguwanni da malaman gona su hana saran itatuwan gaɓar rafi, su kuma gargaɗi manoma su daina wanke tulun feshi a cikin ruwa.