Masu tono tsofaffin finafinai: ina Zangon Paraku da Jugu a ciki?

Duk fim ɗin tarihi da ka kalla, ka ga tsohon hoto baƙi da fari yana motsi, akwai wanda ya sha wuya kafin hoton ya iso gabanka. Shi ne mai binciken tsofaffin faya-fayai. Aikinsa ya gano inda faifan yake ajiye, ya tabbatar da gari da shekarar da aka ɗauke shi, sannan ya yi ciniki da masu shi, domin manyan rumbunan Turai da daƙiƙa ko minti suke sayar da izini. Sunansa kuwa sai can ƙarshen fim, bayan kowa ya watse.

Ni abin da ke damuna shi ne namu na arewacin Benin. Jugu babban zango ne a hanyar fataken goro daga Gwanja zuwa Kano da Sakkwato. Paraku kuma nan layin dogo daga Kwatano ya tsaya a shekarun 1930, kilomita 438, daga nan ne a da kayan Nijar suke hawa mota. To, in ɗanmu ya tashi haɗa fim a kan wannan, ina zai samo hoton kakanninsa?

Sai ya nufi Faransa. A 1934 dokar Laval ta hana ɗaukar fim a ƙasashen Afirka da Faransa ke mulka sai da izinin hukuma, talabijin kuma bai fara aiki a Benin ba sai 1978. Shi ya sa akasarin abin da aka ɗauka kafin nan yana rumbuna irin su INA da Gaumont Pathé da ECPAD na sojojin Faransa. Akwai kuma gidan tarihin Albert Kahn, inda aka ajiye aikin da Fada Francis Aupiais da mai kyamara Frédéric Gadmer suka yi a Dahome a 1930. Hankalinsu yana kan Kiristanci da addinin gargajiya, galibi a kudu. Musulmin zango sai dai a tsince shi a gefen hoto.

A nan ne aikin yake da wuya. Bature ya kan rubuta wa faifai "kasuwa" ko "'yan ƙasa" kawai. Mai binciken da bai san wurin ba, ba zai bambance Bahaushe da Badende ko Bariba ba. Sai ya ɗauki hoton wani gari ya liƙa wa Jugu, mai kallo ya haɗiye. Amma dattijon zango, daga naɗin rawani ko ginin masallaci zai ce maka nan wuri kaza ne. Su kuwa dattawan nan kullum raguwa suke yi.

A Nuwamban 2021 Faransa ta mayar wa Benin kayan masarautar Abomey guda 26, har fim ɗin Mati Diop a kansu ya ci babbar kyautar Balin a 2024. Hoton fim ya fi su sauƙin dawowa, tunda kwafi kawai ake buƙata. Sai dai sai an san yana nan kafin a nema.

Sannan akwai rumbun da ke gidajenmu: kaset ɗin bidiyo na biki, saukar karatu, Mauludi da rakiyar alhazai. Wallahi zafi da raɓa suna cinye su a cikin akwati. Shawarata, a kai su a juye a kwamfuta, a zaunar da Baba ko Inna su faɗi sunan kowa da shekarar, a rubuta. Mai binciken gobe a kan wannan rubutun zai dogara.